Jean Rouch, Baturen da ya yi kusan shekara sittin yana ɗaukar fim a Nijar: tambayoyi da amsoshi

Tun ranar da muka kalli wani tsohon fim ɗinsa da 'yan ajinmu na koyon ɗaukar hoto tambayoyi suka yi min yawa, wasu a waya wasu a hanya, kuma kusan iri ɗaya ne, shi ya sa na ce bari in haɗa su wuri guda in amsa gwargwadon abun da na sani. Wasu amsoshin za su yi tsawo, ku yi haƙuri.

Wai shi wanene, kuma ya ake faɗan sunan?

Jan Rush ake faɗa, duk da yanda aka rubuta shi. Bafaranshe ne, an haife shi a Paris ranar 31 ga Mayu 1917, babansa jami'in sojan ruwa ne kuma masanin yanayi. Shi ba fim ya karanta ba, injiniyan hanyoyi da gadoji ne, kuma wannan aikin ne ya kawo shi Nijar a 1941 lokacin Faransa na mulkin ƙasar. Daga baya ya koma karatun al'adun al'umma a wajen Marcel Griaule har ya yi digirin dakta a kan Songhai. Finafinan da ya yi sun haura ɗari, mafi yawansu a Nijar da Mali da Ghana da Kwaddibuwa.

To me ya kai injiniya ga kamara?

Aradu ce. A 1942 tsawa ta faɗa kan leburori a wani wajen aiki da ke ƙarƙashinsa ta kashe mutum goma. A lokacin yana da wani yaro da ya ɗauka aiki, Damouré Zika, ɗan Sarkawa masunta na kogin Kwara, sai Damouré ya ce masa wannan aikin Dongo ne, aljanin tsawa a wajen Zabarmawa da Songhai, kuma kakarsa Kalia ita ce mai sanin yanda ake yi. Aka kirawo tsohuwa, aka yi kiɗa, aljani ya hau, Rouch na tsaye yana kallo bai gane komai ba. Daga nan ne abun ya shiga ransa, ya ga rubutu kaɗai ba zai iya ɗaukar abun da idonsa ya gani ba.

Bayan yaƙin duniya na biyu, a 1946 zuwa 1947, shi da abokansa biyu Jean Sauvy da Pierre Ponty suka bi kogin Kwara tun daga tushensa a Gini har inda ya shiga teku a Najeriya, a kwalekwale, tafiyar sama da kilomita dubu huɗu. Ya tafi da wata 'yar kamara Bell & Howell mai fim milimita 16 da ya saya ta hannu. A wannan tafiyar ne ya rasa ƙafafun da ake ɗora kamara a kai, dole ya koma riƙe ta a hannu, kuma a zamanin ana ganin wannan aikin 'yan koyo ne. Abun da ya fara da tilas shi ya zama salonsa har ya mutu.

Me ake nufi da dakumentari na gwaji? Ba gaskiya kawai ake ɗauka ba?

Nan ne fa inda maganar take. Dakumentarin da muka saba da shi, irin na gidajen talabijin, murya ce ɗaya daga sama tana gaya maka ga abun da kake gani, ga ma'anarsa, mutanen da ke cikin hoton kuma kamar kifi a kwalba. Irin wannan ne iyayenmu suka kalla a majigi lokacin Turawa, a zo da mota a kafa farin ƙyalle a nuna maka yanda ake noman gyaɗa. Shi Rouch ya yi ta gwada wasu hanyoyi: ya bar mutanen su ƙirƙiri labarin da kansu, ya ba su damar yin magana a kan hoton bayan an ɗauka, ya haɗa wasan kwaikwayo da rayuwa ta gaske har ka kasa raba su, shi ma ya shigo cikin fim ɗin a ji muryarsa ana musu da shi. A ganinsa kamara ba ta ɓuya, duk wanda ya san ana ɗaukarsa sai ya canza, to maimakon a yi ƙaryar cewa babu kamara gara a yi amfani da wannan canjin, don wani lokacin sai mutum ya ga kamara yake fito da abun da ke cikinsa wanda ba zai taɓa faɗa ba a zaune haka kawai.

Ance masunta ne suka gyara masa fim, da gaske ne?

Da gaske ne, kuma ni a wajena wannan ne labarin da ya fi komai muhimmanci a rayuwarsa. Fim ɗinsa na farko, na farautar dorina, kamfanin labarai na Faransa ne ya saye shi ya yanyanka yanda ya ga dama, ya ɗora kiɗa da surutun nan na "Afirka mai ban tsoro", Rouch kansa bai ji daɗinsa ba. Sai ya sake komawa Ayorou, wani gari a bakin Kwara a Nijar, ya ɗauki wani, Bataille sur le grand fleuve, wato yaƙi a babban kogi. A 1954 ya ɗauko janareto da farin ƙyalle ya kai wa Sarkawan fim ɗin har garinsu. Suka kalla, suka sake kallo, sannan suka fara yi masa gyara. Babban ƙorafinsu shine kiɗan da ya sa a lokacin farautar. Suka ce kai ba ka san dorina na ji a ƙarƙashin ruwa ba? kiɗa ƙarfin zuciya zai ba ta, farauta shiru ake yinta. Ya cire kiɗan.

Ku duba fa, mutum ya zo daga Paris da digirinsa, masunta waɗanda yawancinsu ranar suka fara ganin fim suka nuna masa kuskure, kuma ya yarda. Daga nan ya riƙa kiran hanyarsa da ilimin al'adu na haɗin gwiwa, ma'ana wanda ake nazari a kansa shi ma yana da baki a ciki. Kuma a zaman nan ne wani maharbi ya ce masa ya zo ya ɗauki farautar zaki da kwari da baka, abun da ya ɗauke shi wajen shekara bakwai kafin ya fito a 1965, shi kuma Damouré ya kawo shawarar su yi fim na 'yan ci-rani.

Wancan fim ɗin da muka kalla mai cin kare, me ya sa ya yi shi? Ni raina ya ɓaci.

Ba kai kaɗai ba. Ranar ma mutum biyu sun tashi sun fita kafin a gama, ɗaya ta ce min malam wannan ai cin mutunci ne. Sunansa Les maîtres fous, ma'ana mahaukatan iyayengiji, an ɗauke shi a 1954 a wajen birnin Accra, wadda tsofaffinmu 'yan Gwanja ke ce wa Ankara. Mutanen da ke ciki 'yan ci-rani ne daga Nijar, 'yan ƙungiyar da ake kira Hauka, kuma e, kalmar tamu ce ta Hausa. Wani reshe ne na bori da ya ɓullo a yankin Filinge wajajen 1925, aljanun da ke hawan mutane ba na daji ba ne ko na ruwa, Turawan mulki ne: gwamna, janar, kofur, matar likita, direban jirgin ƙasa. Faransawa sun kama su sun ɗaure a lokacin. Masu sanin bori a ƙasar Hausa sun san su da sunan Babule.

A fim ɗin za ka ga mutum yana kumfar baki, idanu sun juye, yana tafiyar soja yana sara wa gwamna, ana taron shawara irin na Turawa, ana ƙona jiki da wuta, sannan a yanka kare a dafa a ci. Akwai inda aka fasa ƙwai a kan gunkin gwamna, sai Rouch ya yanka hoton ya kai ka wajen faretin gaske inda gwamnan Ingila ke sanye da hula mai farin gashin tsuntsu, don ka gane me suke kwaikwaya. A ƙarshe kuma ya nuna maka mutanen washegari, lafiya lau suna dariya a bakin aikinsu, wasu a kasuwa wasu na haƙa rami.

Da aka fara nuna shi a Paris kowa ya yi fushi. Malaminsa Griaule ya ce a lalata shi, ɗaliban Afirka da ke wurin suka ce zai ƙara wa masu raina baƙar fata hujja, su kuma Ingilishi suka hana nuna shi a Gold Coast, wato Ghana ta yanzu, saboda sun ga da su ake. Duk da haka ya ci kyauta a bikin finafinai na Venice a 1957. Rouch ya ce shugabannin Haukan ne da kansu suka gayyace shi ya ɗauka.

Ra'ayina? Fim ne mai ƙarfi, amma akwai matsala a cikinsa da ba za a share ba: daga farko har ƙarshe muryar Rouch ce ke fassara komai, ba ka jin mutanen suna bayanin kansu. Kuma hoto ya fi bayani saurin shiga kai, wanda ya kalla a Turai zai manta sharhin ya tuna kumfar baki. Don haka wadda ta fita ban ga laifinta ba.

To wane fim ne ya ba mutanen baki?

Jaguar da Moi, un noir. A Jaguar, abokansa uku, Damouré da Lam Ibrahim Dia wanda Bafulatani ne makiyayi da Illo Gaoudel masunci, suka taka 'yan ci-rani da suka tashi daga Nijar zuwa Gold Coast neman kuɗi. Babu rubutaccen labari, da safe a zauna a ce yau me za mu yi, a ɗauka. Kamararsa irin wadda ake wanawa da hannu ce kamar agogo, ba ta wuce daƙiƙa ashirin da 'yan kai take tsayawa, kuma ba ta ɗaukar sauti, to sai daga baya aka zaunar da su a gaban hoton suka yi ta surutu a kai, suna tsokanar juna, suna yi wa mutanen da suka gani a hanya sharhi, wannan hirar ita ce sautin fim ɗin. An ɗauka a 1954 zuwa 1955 amma sai 1967 ya fito. Duk wanda kakansa ya taɓa zuwa Kumasi ci-rani ya dawo da akwati da tabarau zai gane fim ɗin nan tun kafin a fassara masa.

Moi, un noir kuma, wato ni baƙar fata, a unguwar Treichville ta Abijan aka yi shi, ya fito a 1958 ya ci kyautar Louis Delluc. Jarumin shine Oumarou Ganda, ɗan Nijar, tsohon soja da ya yi wa Faransa yaƙi a Indochina, yankin Vietnam na yanzu, ya dawo ba shi da komai yana dako a tashar jiragen ruwa. A fim ɗin ya raɗa wa kansa sunan wani jarumin finafinan Amurka, yana ba da labarin mako guda na rayuwarsa da bakinsa, da mafarkinsa na zama ɗan dambe, da haushinsa. Wurin da yake tafiya a bakin ruwa yana kwaikwayon yanda suka yi yaƙi, yana faɗuwa yana tashi yana jifa da gurneti na ƙarya, wallahi ko yau aka yi shi sai an yaba. Matasan daraktocin Faransa na lokacin irin su Jean-Luc Godard sun ɗauki darasi sosai daga wannan fim.

Shi ne ya ƙirƙiro cinéma vérité?

Shi da Edgar Morin, wani Bafaranshe masanin zamantakewa, ne suka yayata sunan, amma sun aro shi ne daga Dziga Vertov na Rasha wanda ya yi amfani da irinsa tun shekarun 1920. Ma'anarsa sinimar gaskiya. Fim ɗin da ya ɗauki sunan shine Chronique d'un été, an ɗauke shi a Paris a bazarar 1960 ya fito a 1961. A nan Rouch ya juya kamarar kan 'yan ƙasarsa, aka fita titi da makirfo ana tare mutane ana tambayarsu wai kana cikin farin ciki? Lokacin an fara samun ƙaramar kamara da rikoda Nagra da za a iya yawo da su a ɗauki hoto da sauti tare, kuma Michel Brault ɗan Kanada ya riƙe kamara a wani ɓangare.

Akwai wani sin da ba na mantawa. Ana zaune ana hira, sai Rouch ya tambayi ɗaliban Afirka da ke wurin ko sun san ma'anar lambar da ke rubuce a hannun Marceline Loridan, ɗaya daga cikin waɗanda suka fito a fim ɗin, suka yi ta canka cikin raha, har da mai cewa ko lambar waya ce, sai aka gaya musu lambar sansanin Auschwitz ce inda 'yan Nazi suka tsare ta. Wurin ya yi tsit. A ƙarshen fim ɗin kuma aka tara duk waɗanda suka fito aka nuna musu, suka hau musu, wannan ya ce waccan wasa take yi, waccan ta ce a'a ta ma yi gaskiya fiye da kima. Abun da aka yi a Ayorou ne dai aka maimaita a Paris.

Wai har cewa ya yi shi ma aljani na hawansa in yana ɗauka?

Ba haka ya faɗa kai tsaye ba, amma kusa. A 1971 a ƙauyen Simiri na Nijar an kwana uku ana kiɗa ana jiran aljanu su sauko a roƙe su maganin fara, shiru. Rana ta huɗu Rouch ya ce bari dai ya ɗauki tsofaffin gangunan da ake kaɗawa tunda irinsu sun kusa ɓacewa, ya kunna kamara ya shiga fili yana tafiya, makaɗa suka tsaya shi bai tsaya ba, ganin haka suka ci gaba, sai ga aljani ya hau mutum. Duka a ɗauka ɗaya ta wajen minti goma ba yanka. Sunan fim ɗin Tourou et Bitti. Shi ya ce a lokacin ba shi ne na kullum ba, ido ɗaya a kamara, jiki na bin kiɗa, kuma yana ganin kamarar ce ta taimaka abun ya faru. Ko ka yarda ko kar ka yarda, darasin ga mai ɗauka shine kar ka yi saurin kashe kamara.

Ya yi fim a kan Hausawa?

Aikinsa mafi yawa a kan Songhai da Zabarmawa ne, sai Dogon na Mali, inda shi da Germaine Dieterlen, wata Bafaranshiya masaniyar al'adu, suka bi bikin Sigui daga 1967 har tsawon shekara bakwai, bikin da ake yi sau ɗaya a shekara sittin, na gaba sai 2027. Hausawa na shigowa ne ta gefe, a kasuwanni da zangon ci-rani.

Duk finafinansa masu nauyi ne haka?

Ina! Ku nemi Cocorico Monsieur Poulet na 1974, abokai uku da wata ruɓaɓɓiyar mota Citroën suna shiga ƙauye sayen kaji, motar na mutuwa, ana kwance ta ana haye kogi da ita, dariya har ciwon ciki. Sun sa wa ƙungiyarsu suna Dalarouta, daga farkon sunayen Damouré, Lam, Rouch da Tallou, na ukun abokan da ke cikin fim ɗin. Sai Petit à petit inda Damouré ya je Paris yana tare Faransawa a titi yana auna kawunansu da duba haƙoransu kamar yanda masana Turawa suka yi wa 'yan Afirka. Safi Faye 'yar Senegal ta fito a ciki, daga baya ta zama babbar darakta.

Su daraktocin Afirka ya suka ɗauke shi?

Sun rabu. Ousmane Sembène na Senegal a wata hira da suka yi a 1965 ya gaya masa a fuska cewa masu irin aikinsa suna kallon 'yan Afirka kamar ƙwari. Maganar ta bi Rouch har kabari, kuma akwai gaskiya a cikinta, don duk haɗin gwiwar da ake faɗa kamarar a hannunsa take, kuɗin daga Paris suke, editin a can ake yi, sunan da ke kan fosta nasa ne. Shi kansa Oumarou Ganda bai gamsu da yanda aka ba da labarinsa ba, ya je ya yi nasa fim ɗin Cabascabo a kan sojan da ya dawo daga Indochina.

Amma kuma ta ɗaya gefen, Gandan nan ta hanyar Rouch ya shiga harkar, kuma shi ne ya fara cin babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka da ake yi a Wagadugu, a 1972. Moustapha Alassane, wanda ya yi suna da katun, shi ma Rouch ya tallafa masa. Moussa Hamidou ya shekara da shekaru yana ɗaukar masa sauti. Abotarsa da Damouré ta wuce shekara sittin, ba irin ta a zo a ɗauka a tafi ba ce. Ni dai ina ganin duka biyun gaskiya ne a lokaci guda, kuma ban ga dalilin da zai sa sai na zaɓi ɗaya ba.

Mu masu ɗauka da waya, me za mu ɗauka daga wajensa?

Abu ɗaya nake nanatawa a aji. In ka ɗauki mai shayi ko 'yan kasuwar ƙauye ko masu wankin mota, kafin ka ɗora a intanet koma ka nuna musu. Na taɓa ɗaukar wata mai tuwo-tuwo na minti shida, ina ta jin daɗin hoton hayaƙi da hasken yamma, da na nuna mata sai ta ce duk ka nuna wahala ba ka nuna layin masu saye ba, ai mutane za su ce ba na ciniki. Kuma gaskiyarta, hoton da ni ya burge ni ita asara ne a wajenta. Na koma da safe na sake ɗauka.

Sauran kuma ku rage dogaro da kiɗa don sa mutane kuka, ku matsa kusa da ƙafa maimakon zumin, ku bar mutum ya gama maganarsa.

Ya aka yi ya rasu, kuma ina kabarinsa?

Hatsarin mota ne, daren 18 ga Fabrairu 2004, kusa da Birnin Ƙonni, yana da shekara 86. Ya zo Nijar ne don wani bikin finafinai, kuma matarsa da Damouré da Moustapha Alassane na cikin motar, su sun tsira. A Yamai aka binne shi. Cibiyar al'adun Faransa da Nijar da ke Yamai ta daɗe tana ɗauke da sunansa, sai a Oktoban 2024 hukumomin Nijar suka canza mata suna zuwa na Moustapha Alassane.

A ina zan fara kallo?

Fara da Jaguar ko Cocorico, sannan Moi, un noir. Les maîtres fous ka bar shi sai ka saba da shi, kuma kar ka kalla da yara. Yawancinsu da Faransanci ne, don haka 'yan uwanmu na Maraɗi da Damagaram sun fi mu morewa, mu na wannan ɓangaren sai mu nemi mai fassarar rubutu a ƙasa.